Ɗaya Cikin Huɗu: Lissafin da ke Bayan Gwajin Jini Kafin Aure a Kano

A watan Mayun 2024 Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a kan dokar da ta wajabta gwajin lafiya kafin aure a Jihar Kano. Dokar ta hana ɗaura aure sai an gabatar da takardar gwaji daga asibitin da gwamnati ta amince da shi. Gwajin ya haɗa da cuta mai karya garkuwar jiki, da ciwon hanta nau'in B da C, da jinotayif, wato irin sinadarin jinin da mutum ya gada daga iyayensa. An tanadi tara da za ta iya kaiwa naira 500,000, ko ɗauri, ko duka biyun, ga wanda ya saɓa. Tun kafin dokar ma, a auren gata na ma'aurata 1,800 da Hukumar Hisbah ta tsara a watan Oktoban 2023, sai da aka yi wa angwaye da amare gwaji.

Gwajin ƙanjamau da na hanta ba su da wuyar ganewa, ko akwai cutar ko babu. Na jinotayif ne yake barin iyalai cikin ruɗani. Saurayi AS, budurwa AS, wato kowannensu yana ɗauke da irin ciwon sikila amma lafiyarsa ƙalau, sai ma'aikacin asibiti ya ce musu akwai haɗarin haihuwar mai sikila, ɗaya cikin huɗu. Daga nan kowa ya koma gida da tasa fassarar. Wani ya ce to ɗa na huɗu ne zai zo da ciwon, sai a tsaya a uku. Wata ta ce tunda na fari ya zo da shi, ukun da za su biyo baya sun tsira. Wani kuma ya nuna gidan maƙwabcinsa, miji da mata duk AS, 'ya'ya biyar babu mai ciwo, ya ce zancen likitoci ne kawai. Duka fassarorin ukun kuskure ne, kuma tushen kuskuren ɗaya ne.

Abin da ake gada

A cikin jajayen ƙwayoyin jini akwai sinadarin da ake kira himogulobin, shi ne yake ɗaukar iska mai amfani daga huhu zuwa sauran jiki. Umarnin yadda jiki zai ƙera shi yana zuwa ne kashi biyu, ɗaya daga uba, ɗaya daga uwa. A shi ne nau'in da aka saba. S shi ne nau'in da yake sa ƙwayar jini ta lanƙwashe kamar lauje idan iska ta yi ƙaranci, ta toshe ƙananan hanyoyin jini. Wanda ya gaji A da A shi ne AA. Wanda ya gaji A da S shi ne AS, yana ɗauke da irin amma a al'ada ba ya ciwon. Wanda ya gaji S daga ɓangarorin biyu shi ne SS, mai amosanin jini, wanda aka fi sani da sikila. Akwai kuma nau'in C, wanda idan ya haɗu da S yakan ba da SC, shi ma wani nau'in ciwon ne ko da yake sau da yawa ya fi sauƙi.

Wannan daban yake da rukunin jini na A, B, AB da O, wanda ake dubawa idan za a yi ƙarin jini. Mutane da yawa suna cakuɗa su, har a ji mutum yana cewa shi O ne don haka ba shi da matsala. Mai O yana iya zama AS ko SS.

Dalilin yawan S a ƙasashenmu zazzaɓin cizon sauro ne. A 1954 wani likita mai suna Anthony Allison ya nuna a Gabashin Afirka cewa masu AS suna da kariya daga zazzaɓi mai tsanani. Inda sauro ya yi yawa, yara masu AS sun fi rayuwa, suka girma suka haifa, irin ya bazu. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta a 2006 cewa kusan kashi 24 cikin 100 na 'yan Najeriya suna ɗauke da S, kuma ana haihuwar jarirai kusan 150,000 masu sikila a ƙasar duk shekara.

Inda rubu'in ya fito

Yiwuwa, a wajen masana lissafi, ita ce adadin hanyoyin da abu zai iya faruwa a raba shi da adadin dukan hanyoyin da ake da su, muddin hanyoyin nauyinsu ɗaya. A ɗauka miji yana da goro biyu a aljihu, fari da ja, matar ma tana da biyu a jaka, fari da ja. Farin shi ne A, jan shi ne S. Duk lokacin da aka samu ciki, kowannensu zai zura hannu ba tare da dubawa ba ya zaro ɗaya. Abin da zai iya fitowa huɗu ne: fari da fari, farin miji da jan mata, jan miji da farin mata, ja da ja. Ja da ja hanya ɗaya ce cikin huɗu, shi ne 1/4 na SS. Gauraye hanya biyu ce, shi ne 1/2 na AS. Fari da fari shi ne 1/4 na AA. Ana iya samun amsar ta ninkawa: rabin damar miji ya ba da S, sau rabin damar mata, 1/2 sau 1/2 ya zama 1/4.

Abin da ya fi muhimmanci a misalin shi ne goron yana komawa mazauninsa bayan kowace zara. Ciki na biyu yana farawa da aljihu cike kamar na farko. Jiki ba ya riƙe lissafin abin da ya gabata, saboda haka ko an haifi SS uku a jere, ciki na huɗu yana nan a 1/4, haka nan ko an haifi lafiyayyu biyar.

Da wannan hanya ake fitar da sauran haɗuwa. AA da AS ba sa haifar SS, amma kowane ɗa yana da rabin damar zama AS. AA da SS dukan 'ya'yansu AS ne. AS da SS rabi ne, kowane ciki. AS da AC suna da 1/4 na SC. SS da SS duka 'ya'yan SS ne.

Bakano ba baƙon rubu'i ba ne. Duk wanda ya zauna wajen rabon gado ya ji rabi da rubu'i da tumuni da sulusi da sudusi. Sai dai rubu'in gado rabo ne tabbatacce daga dukiyar da ke ƙasa: idan matar da mijinta ya rasu bai bar ɗa ba tana da rubu'i na naira miliyan huɗu, miliyan ɗaya za ta ɗauka ba ragi ba ƙari. Wanda ya ɗauki wannan fahimta ya kai ta ɗakin gwaji zai zaci cikin 'ya'ya huɗu dole ɗaya ne, kuma ɗaya kawai. Rubu'in yiwuwa ma'aunin haɗari ne a kan kowane ciki shi kaɗai, kuma ba ya bayyana a matsayin rabo sai an tara adadi mai yawa.

Sakamakon da ake tsammani, da abin da gida ɗaya zai gani

Sakamakon da ake tsammani shi ne yiwuwa sau adadin gwaji. 'Ya'ya huɗu sau 1/4 ya ba da ɗaya. 'Ya'ya shida ya ba da ɗaya da rabi, takwas ya ba da biyu. Babu gidan da ke da ɗa ɗaya da rabi, wannan kaɗai ya isa ya nuna cewa adadin matsakaici ne na gidaje masu yawa. Gregor Mendel, wanda ya fara gano wannan tsari na gado a jikin wake a shekarun 1860, sai da ya ƙirga ƙwayoyi 7,324 a gwaji ɗaya: 5,474 masu santsi, 1,850 masu yamushi, kusan uku bisa ɗaya. Da kwanso ɗaya ya ɓare ya tsaya, da bai ga komai ba. Tun a 1713 littafin Jacob Bernoulli ya tabbatar da ƙa'idar a lissafe: gwargwadon yawan gwaji, gwargwadon kusantar kason da aka gani da ainihin yiwuwar.

A ɗauki gidaje 256, kowanne miji AS mata AS, kowanne da 'ya'ya huɗu. Damar ɗa ɗaya ya tsira daga SS 3/4 ce. Damar huɗun su tsira ita ce 3/4 sau kanta har sau huɗu, wato 81/256. Ke nan gidaje 81 ba za su ga mai sikila ko ɗaya ba. Gidaje 108 za su samu ɗaya, 54 za su samu biyu, 12 za su samu uku, gida ɗaya kuma duka huɗun. Idan aka tara masu ciwon, 256 ne cikin yara 1,024, rubu'i cif. Amma gidajen da suka samu ɗaya daidai, kamar yadda mutane suke zato, kashi 42 ne kawai cikin 100, ba su kai rabi ba.

Tambayar da ta fi damun masu shirin aure ita ce: mene ne damar a samu aƙalla ɗaya? Ana samun amsar ta cire damar tsira daga ɗaya. Da ɗa ɗaya kashi 25 ne cikin 100. Da biyu ya zama 44, da huɗu 68, da shida 82, da takwas 90. Binciken lafiya da yawan jama'a na ƙasa na 2018 ya nuna matsakaicin haihuwar mace a Arewa maso Yamma ya haura shida, saboda haka lissafin 'ya'ya shida ne ya fi dacewa da yawancin gidajen Kano. Lambar da ake faɗa a asibiti, 25, ta ciki ɗaya ce. Lambar da ta shafi zaman aure irin namu ta fi kusa da 82, kuma ba kasafai ake faɗar ta ba.

A gidaje masu 'ya'ya shida, kusan 18 cikin 100 za su tsira gaba ɗaya. Kusan 17 cikin 100 kuma za su samu uku ko fiye. Ɓangarorin biyu kusan kai ɗaya suke. Gidan maƙwabcin da ake kafa hujja da shi gaskiya ne, lissafin ma ya san da shi, yana cikin 18 ɗin nan. Sai dai shi ake ba da labarinsa a majalisa, su kuwa na ɗaya ɓangaren suna layin asibitin yara na Hasiya Bayero ko na Murtala, ba su da lokacin zama a majalisa.

Haka lissafin ɗawainiya yake. Idan kula da yaro ɗaya mai sikila yana cin wani adadi a wata, na magani da gado da ƙarin jini da ranakun da uwa ko uba ba su fita nema ba, abin da ake tsammani ga gida mai shida shi ne wannan adadin sau ɗaya da rabi. Matsakaicin yana da amfani ga gwamnati da za ta tanadi gadaje da magani. Magidanci kuwa dole ya dubi har da mafi munin abin da zai iya samunsa, domin ba matsakaicin zai biya ba.

Auren zumunci da gidan mata biyu

Idan mutum ɗaya cikin huɗu yana ɗauke da S, kuma ana aure ba tare da gwaji ba, damar miji da mata su zama AS duka ita ce 1/4 sau 1/4, aure ɗaya cikin 16. A sake ninkawa da 1/4 na haihuwa, a samu jariri ɗaya cikin 64, kusan 16 cikin 1,000. Wannan bai yi nisa da ƙiyasin Hukumar Lafiya ta Duniya na 20 cikin 1,000 ba.

Auren zumunci yana ɗaga lambar. Idan saurayi AS ne, akwai rabin dama S ɗinsa ya fito ta wajen mahaifinsa, rabin dama baffansa shaƙiƙi yana da shi, rabin dama baffan ya ba 'yarsa. Ninkin rabi uku 1/8 ne, a ƙara shi a kan haɗarin da kowa yake da shi. A ƙiyasce, damar 'yar baffan ta zama mai ɗauke da S tana tashi daga kusan rubu'i zuwa kusan sulusi. Ƙari ne na gaske, amma bai mai da auren zumunci haram a likitance ba, kuma bai mai da auren bare amintacce ba. Gwaji ne yake raba gardama a duka biyun.

A gidan mata biyu lissafin yana wanke wanda aka saba zalunta. Miji AS, uwargida AA, amarya AS: 'ya'yan ɗaki ɗaya lafiya, na ɗaya ɗakin suna ta ciwo. Dangi sukan ce jinin amarya ne, wani lokaci a ce jifa ne daga kishiya. Yaro ba ya zama SS sai S ya zo daga uba kamar yadda ya zo daga uwa. Rabin abin na mijin ne.

Inda ra'ayoyi suka rabu

Masu goyon bayan a hana auren AS da AS kai tsaye suna cewa wanda zai sha azabar ba ya wajen da ake yanke shawara, kuma kashi 82 ya wuce abin da za a bar wa soyayya. Masu ganin a wajabta gwaji a bar zaɓi suna cewa aure haƙƙin mutum ne, hani yana tura mutane sayen takardar bogi ko ƙetara iyakar jiha a ɗaura, kuma akwai auren da lissafin bai shafa ba, kamar na bazawarar da ta wuce haihuwa. Saudiyya ta bi hanya ta biyu tun 2004: gwaji dole, aure zaɓi. A farkon shirin kusan tara cikin goma na waɗanda aka gargaɗa sun ci gaba da aurensu. Zuwa 2009 kusan rabi suna fasawa da kansu. Cikin dalilan da aka bayar na rashin fasawa da farko akwai cewa gwajin yana zuwa ne bayan an gama shirin biki. Wannan darasi ya shafi Kano kai tsaye, domin takardar da aka karɓo ana saura mako ɗaya, bayan an sa rana an kai lefe an haɗa kayan ɗaki, da wuya ta sauya komai.

Akwai masu cewa iyaye da kakanni ba su yi gwaji ba kuma ba a ga sikila haka ba. Binciken zazzaɓin cizon sauro da aka yi a Garki a shekarun 1970, lokacin tana cikin tsohuwar Jihar Kano, ya amsa wannan. An samu kusan jarirai biyu cikin 100 SS ne, amma da ƙyar aka samu mai SS a cikin waɗanda suka wuce shekara tara. Ana haihuwarsu, ba sa rayuwa ne, a ce zazzaɓi ko shawara ko wabi. Ganinsu da yawa a yau yana nufin sun fara rayuwa.

Sai masu kallon lissafin a matsayin shiga hurumin ƙaddara. Malamai da dama suna amsawa da abin da Sayyidina Umar ya faɗa lokacin da ya fasa shiga Sham saboda annoba, cewa ana gudu ne daga ƙaddarar Allah zuwa ƙaddarar Allah. Lissafin kansa bai yi da'awar sanin gaibu ba. Ba zai iya faɗar wane ciki ne zai zo da ciwon ba, iyakarsa ya auna girman haɗarin.

Takardar ma tana iya kuskure

Duk lissafin da ke sama ya dogara ne a kan sakamakon gwaji ya zama daidai. Akwai gwaji mai arha da ke nuna akwai S kawai ba tare da bambance AS da SS ba, akwai kuma wanda yake ware nau'o'in himogulobin ɗaya bayan ɗaya, shi ne ake buƙata. Wanda aka yi wa ƙarin jini cikin watanni ukun da suka wuce sakamakonsa yana iya ruɗarwa, domin jinin wani yana gauraye da nasa. Ana iya musanya kwalba, ana iya kuskuren karantawa. Akwai kuma wata larurar gado mai suna talasemiya, wadda mai ɗauke da ita zai iya fitowa kamar AA a gwaji na yau da kullum, ko da yake ba ta da yawa a nan.

Ninkawa tana taimakawa a nan ma. A misali kawai, a ce ɗakin gwaji yana kuskure sau ɗaya cikin 20. Idan aka maimaita a wani wuri daban da ba shi da alaƙa da na farko, damar duka biyun su yi kuskure 1/20 sau 1/20 ce, ɗaya cikin 400. Sharaɗin shi ne wuraren su bambanta da gaske. Maimaitawa a wuri ɗaya da na'ura ɗaya da hannu ɗaya ba ya ba da wannan ragin.

Abin da zai biyo baya ga jama'a

Mai AS da ya san matsayinsa da wuri yana da fili: kusan uku cikin huɗu na waɗanda zai iya nema AA ne. Mai SS ma yana iya aure da AA ba tare da haifar SS ba, abin da ya kamata iyaye su sani kafin su kori mai neman aure don jin sunan ciwon kawai. Dokar 2024 ɗin ta haramta tsangwamar masu ɗauke da waɗannan larurori, amma ana fargabar 'yan mata masu AS da SS su fi samari shan wahalar samun miji idan aka ci gaba da fahimtar haruffan a karkace.

Gwajin ba zai kawar da S daga cikin al'umma ba. Duk auren AA da AS yana ba da AS a rabin 'ya'ya, auren AA da SS kuma yana ba da shi a duka. Masu ɗauke da irin za su ci gaba da kasancewa kusan yadda suke, saboda haka 'ya'yan waɗanda aka gwada yau su ma sai an gwada su, kuma makarantar sakandare ta fi ranar sa rana dacewa da hakan.

Ga waɗanda suka riga suka yi aure suna AS da AS, rubu'in yana nan a kan kowane ciki mai zuwa. Jariri mai SS yakan yi kamar lafiyayye a watannin farko saboda jinin da ya fito da shi daga ciki yana kare shi, alamu irin su kumburin hannu da ƙafa sukan fara ne daga wajen wata shida. Gwada jariri da wuri yana ba da damar fara rigakafi, da kariya daga sauro, da maganin penisilin, da wani maganin sikila mai suna haidiroksiyuriya idan likita ya ga dacewa, waɗanda suka rage mace-macen yara masu sikila sosai a inda ake samunsu. Dashen ɓargo yana iya warkarwa, sai dai yana da tsada kuma ya fi nasara da ɗan'uwa shaƙiƙi wanda jikinsa ya dace. Damar ɗan'uwa ya dace 1/4 ce, damar kuma shi kansa ba SS ba ne 3/4, ke nan kowane ɗan'uwa yana da damar 3 cikin 16 ta zama mai bayarwa.